Inda Saniyar Gaba Ta Sha Ruwa: Mu Da Kotuna

 Muna so a wannan fitowa mu tattauna wata magana wadda ta daɗe tana ci mana tuwo a ƙwarya, amma ba mu gane nauyinta sosai ba sai a ranin da ya wuce.

Wani dattijo daga cikin 'yan ƙungiyarmu ya same mu a ofis a nan Agoe-Zongo, ransa a ɓace. An kama masa shanu a wani gari can tsakiyar ƙasa bisa zargin ɓarna, an kai su turken hukuma, an kuma tsare yaronsa. Takardunsa cikakku ne, allurar shanunsa cikakkiya ce, mai gonar ma da bakinsa ya ce ɓarnar ba ta kai abin da aka yanka ba. Muka ɗauke shi muka tafi wurin wani lauya a cikin Lome. Lauyan ya saurare mu har ƙarshe, sannan ya yi mana tambaya guda. Ya ce, a cikin shekarun nan da kuke ta fama da irin wannan, akwai ko da takardar hukunci ɗaya da wani alƙali ya taɓa yanke wa ɗayanku a kan kama shanu ba bisa ƙa'ida ba? Muka dubi juna. Mu da za mu iya lissafa irin wannan kamu tun daga Cinkasse har Adetikope, da sunan gari da sunan mai shanu da abin da aka biya, ba mu da ko ƙyallen takarda. Lauyan ya girgiza kai ya ce, to, kun zo mini da labari, alƙali kuwa abin da wani alƙali ya rubuta kafin shi yake fara nema.

Wannan magana ita ta sa muka yi ta tambaya, kuma abin da muka fahimta shi ne muke so mu shimfiɗa muku, gwargwadon saninmu, don mu ba lauyoyi ba ne.

Sanin kowa ne a cikinmu cewa garke ba ya sake hanya kowace safiya. Inda saniyar gaba ta sha ruwa nan ta baya ke sha. Haka nan a kasuwa, in dillali zai sa wa bajimi kuɗi, sai ya tuna nawa aka sayar da irinsa a kasuwar da ta wuce. Ashe alƙalai ma haka suke aiki. Idan talaka ya kai ƙarar hukuma, yana neman kotu ta ba da umarni a saki wanda aka tsare, ko a mayar masa da dukiyar da aka riƙe, ko a soke wani umarni da ya tauye masa haƙƙi, alƙalin ba ya zama ya ƙago amsa daga kansa. Zai buɗe doka, sannan ya duba yadda kotunan da suka gabace shi suka fassara wannan doka a ƙara mai kama da wannan. In ya samu, rabin aikinsa ya ƙare. Sau da yawa ma hukuncin ba ya wuce a ce, wannan ƙara daidai take da waccan da aka yanke a shekara kaza, don haka abin da aka ba wancan shi za a ba wannan. Malamanmu ma sun san irin wannan a fiƙihu, inda ake auna sabuwar mas'ala da tsohuwa mai kama da ita, su ce ƙiyasi.

Amma akwai bambanci tsakanin ƙasashen da shanunmu ke ratsawa, kuma ya kamata kowane falke ya san shi. A Najeriya da Gana, waɗanda suka gaji tsarin Ingila, hukuncin babbar kotu tilas ne a kan ƙaramar kotu. Abin da Kotun Ƙoli ta Najeriya ta yanke, alƙalin da ke Kano ko Makurɗi ba shi da ikon saɓa masa ko da zuciyarsa ba ta so. A nan Togo kuwa, da Benin da Nijar, tsarin Faransa muka gada. A takarda, alƙali rubutacciyar doka kaɗai ta ɗaure shi. Sai dai a aikace ba alƙalin da ke son a ɗaukaka ƙara a rushe masa hukunci, saboda haka shi ma idonsa na kan abin da manyan kotuna suka saba yankewa, lauyoyi kuma da shi suke kafa hujja. Hanya biyu ce, mashaya ɗaya.

Inda abin ya fi fitowa fili shi ne a kotun CEDEAO, wadda 'yan'uwanmu na Najeriya da Gana ke kira ECOWAS, mai zama a Abuja. Tarihin wannan kotu ya shafe mu fiye da yadda muke zato, domin ƙarar farko da aka kai gabanta ta ɗan kasuwa ce irinmu. A shekarar 2003 Najeriya ta rufe iyakarta da Benin. Wani ɗan kasuwa mai suna Olajide Afolabi, wanda cinikinsa ya lalace saboda rufewar, ya kai ƙarar gwamnatin ƙasarsa, ya ce an karya yarjejeniyar walwalar mutane da kaya. A shekarar 2004 kotun ta kori ƙarar. Ba ta ce ƙarya yake yi ba. Cewa ta yi dokar da ta kafa ta ba ta yarda mutum shi kaɗai ya shigo ba, sai gwamnati ta shigo a madadinsa. Ku duba fa, wanda ya zalunce ka shi ne zai kai maka ƙara! Afolabi ya faɗi, amma faɗuwarsa ta tona asirin ƙofar da ke rufe, har a watan Janairun 2005 shugabannin ƙasashen suka sa hannu a Akara a kan gyaran da ya ba kowane mutum damar kai ƙarar gwamnati a kan tauye haƙƙin ɗan Adam.

Bayan an buɗe ƙofar sai gwamnatoci suka koma wata dabara. Duk wanda ya je, sai lauyoyin gwamnati su ce ai bai gama da kotunan ƙasarsa ba tukuna, ya koma gida. Kowa ya san abin da wannan ke nufi ga talaka: shekara da shekaru ana ɗage zama har kuɗinsa su ƙare. A nan ne wata baiwar Allah daga yankin Birnin Ƙonni a Nijar, Hadijatou Mani, ta yi wa kowa aiki. An sayar da ita a 1996 tana da shekara 12 a kan sefa 240,000, ta yi shekaru cikin bauta, da ta samu 'yanci ta yi aure kuma sai aka ɗaure ta wai ta yi aure a kan aure. Ƙungiyar Timidria da wasu lauyoyi suka tsaya mata. Gwamnatin Nijar ta kawo wannan hujja ta cewa ba a gama da kotunan gida ba, kotun ta ƙi karɓa, ta ce ba a rubuta wannan sharaɗi a dokarta ba. Ranar 27 ga Oktoba 2008 ta yanke cewa Nijar ta kasa kare ta daga bauta, ta kuma sa a biya ta sefa miliyan 10. Tun daga nan duk gwamnatin da ta sake ɗauko wannan hujja, sai kotun ta nuna mata hukuncin Hadijatou da makamantansa ta wuce gaba. Mace ɗaya wadda ba ta da ko akuya ta share labin da manyan 'yan siyasa da 'yan jarida suke bi har yau.

Ga misali na kusa da gida. A watan Satumbar 2017, lokacin zanga-zanga, an yanke intanet a nan Togo. Da yawa cikinmu mun tuna, don a kwanakin nan ba mai iya tura hoton sa ga mai saye ta waya. Wasu ƙungiyoyi da wata 'yar jarida suka kai ƙara Abuja. Ranar 25 ga Yuni 2020 kotun ta ce yankewar ta saɓa wa 'yancin faɗin albarkacin baki, ta sa a biya kowane mai ƙara sefa miliyan 2. Shekara guda bayan haka, a Yunin 2021, gwamnatin Najeriya ta rufe Twitter. Aka kai ta wannan kotu, a watan Yulin 2022 ita ma aka ce ta yi ba daidai ba, bisa irin hujjar da aka kafa a shari'ar Togo. Wato abin da aka yanke saboda mutanen Lome ya amfani mutumin Kano wanda bai ma san an yi ba.

To, kada mu ɗauka cewa duk sawun da aka bari mai kai wa ga ruwa ne. Akwai wanda ke kai wa ga rami. Ita wannan kotu ta CEDEAO tun a 2005, a ƙarar wani ɗan siyasar Najeriya mai suna Jerry Ugokwe, ta ce ita ba kotun ɗaukaka ƙara ba ce a kan kotunan ƙasashe, kuma ta sha maimaita haka. Ta kuma tsaya a kan cewa gwamnati ake kai mata, ba a kai mata mutum. Saboda haka wanda ke tunanin zai kai mai gona ko sarkin gari Abuja, ko zai je don alƙalin garinsu ya yanke masa diyya mai yawa, to ya ajiye kuɗin motarsa. Waɗanda suka riga shi sun gwada, an rufe wannan ƙofa da hukunci.

Abin da ya fi ba mu tsoro shi ne abin da ya faru da 'yan'uwanmu a Najeriya. A shekarar 2017 jihar Binuwai, zamanin Gwamna Samuel Ortom, ta kafa dokar hana kiwon sake, ta fara aiki a watan Nuwamba na shekarar. Ƙungiyar Miyetti Allah Kautal Hore ta kai ƙara Babbar Kotun Tarayya a Abuja. A 2019 aka kori ƙarar, kuma dalilin da aka bayar shi ne ba a gyara takardun ƙarar kamar yadda kotu ta umarta ba. Alƙali bai kai ga ainihin tambayar ba, wato ko jiha na da ikon hana ɗan ƙasa yawo da dukiyarsa. Amma wa ya tsaya karanta dalili? Abin da ya bazu a gari shi ne makiyaya sun kai ƙara sun faɗi. A watan Mayun 2021 gwamnonin kudancin Najeriya suka taru a Asaba suka ce sun hana kiwon sake, jihohi da dama kuma suka kafa tasu dokar a wannan shekara. Ba mu ce korar ƙarar ce kaɗai ta jawo haka ba, rikicin ya fi ƙarfin takarda ɗaya. Amma duk mai hankali ya san da an tsaya an yi shari'ar yadda ya kamata, ko an ci ko an faɗi, da akwai rubutaccen bayani da na baya za su kama. Da muguwar rawa gara ƙin tashi. Ƙarar da aka shigar da sakaci ba mai ita kaɗai take cuta ba.

Akwai kuma wani hukunci da yawancinmu ba za su so jin sa ba, amma mu muna ganin ya kamata a ajiye shi kusa. Wasu mutanen Binuwai, a gabansu wani limamin coci mai suna Solomon Mfa, sun kai ƙarar gwamnatin Najeriya a kotun CEDEAO a kan kashe-kashen da aka yi a garuruwansu, waɗanda suka ɗora wa makiyaya. A 2019 kotun ta ce wajibi ne gwamnati ta kare rayukan mutanenta, ta kuma bincika kisan ta hukunta masu laifi. Wani zai ce ai wannan a kanmu aka yi. Mu kuwa muka ce a sake dubawa. Ran manomi rai ne, kuma duk wanda ya zubar da jini ba namu ba ne ko da sandar kiwo ce a kafaɗarsa. Sannan hukuncin bai ce ran Tibi kaɗai ba. Ranar da aka ƙone ruga aka kashe mata da yara, hukuma ta naɗe hannu, wannan hukunci shi ne farkon abin da lauyan makiyayi zai ɗora a gaban alƙali. Alƙalin da ya ce wa wancan i, da wane baki zai ce wa wannan a'a?

Yanzu mu dawo gida mu tambayi kanmu, me ya sa ba mu da ko takarda ɗaya? Amsar ba ta da daɗi. Mu ne muke binne shari'unmu da hannunmu. Da an kama shanu, sai a bugo waya Zongo, mai gida ya tara kuɗi, a tura wani ya je ya gana da masu kamun a bayan ɗaki, a biya, ba rasiɗi, ba shaida, a kora shanu da dare. Gobe a kama na wani a wuri guda, a nemi abin da ya fi na jiya, don an riga an san farashinmu. Wannan ma ai bin sawu ne, sai dai sawun da ba a rubuta ba, kuma kullum mu yake ci.

Mun san abin da iyayenmu za su ce, kuma maganarsu tana da nauyi. Za su ce shari'a saɓanin hankali, saniya ba ta jiran alƙali, kwana goma a turke ba ciyawa ba ruwa ta zama ƙashi. Za su ce baƙo ba ya jayayya da ɗan gari, wanda ya kai hukuma ƙara bana, baɗi ta ina zai bi? Za su tuna mana cewa a 1977 aka tashi Zongo daga tsakiyar Lome aka kawo mu nan, haƙuri ne ya zaunar da mu har muka yi gidaje. Za su ƙara da cewa ko kotun Abuja ta yanke, gwamnatoci da yawa ba sa biya, wannan kuwa gaskiya ne, ba mu musa ba. Har ila yau Nijar da Mali da Burkina Faso, inda yawancin shanun da ke shigowa nan suke fitowa, sun fice daga CEDEAO a watan Janairun 2025. Duk mun ji.

Amma mu ba mu ce a bar sulhu ba. Ita kanta yarjejeniyar CEDEAO ta 1998 a kan ƙaurar dabbobi tsakanin ƙasashe cewa ta yi rikicin manomi da makiyayi a fara kai shi gaban kwamitin sulhu, in ya gagara sannan a je kotu. Abin da muke cewa shi ne sulhun ya zama a rubuce. A rubuta girman gonar, da irin amfanin da aka ci, da wanda ya kimanta, da abin da aka biya, kowa ya sa hannu, a ba mu kwafi. In an tara irin waɗannan takardu hamsin daga yanki guda, ranar da wani ya yanka kuɗin da ya ninka na kowa sau biyar, akwai abin nunawa. Ko a gaban sarkin gari takarda tana magana. Batun rashin biya kuwa, Nijar ta biya Hadijatou kuɗinta. Kuma ko ba a biya ba, hukuncin yana nan, ba ya ruɓewa, wani zai ɗauka.

Sai dai akwai sharaɗi, kuma nan ne lauyan ya fi ja mana kunne. Alƙali ba ya bin tsohon hukunci sai ƙarar ta yi kama da waccan a ainihinta. Aikin lauyan ɗaya gefen shi ne ya nemo inda suka bambanta, sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Ita yarjejeniyar ta 1998 ta ce garke mai tsallaka iyaka ya riƙe takardar ƙaura mai nuna yawan dabbobi da allurarsu da hanyar da za su bi. Ta ce a tsallaka da rana. Ta ce kowane shanu 50 a samu makiyayi aƙalla guda, garken da zai ƙetare iyaka kada masu kiwonsa su gaza biyu, kuma kowannensu ya kai shekara 18. To, a ce an taɓa yanke wa wani makiyayi mai cikakkun takardu hukunci mai kyau. Kai kuma ka shigo da dare, ba takarda, ka bar wa yaro ɗan shekara 12 shanu ɗari. Ka zo ka ce a yi maka irin na wancan. Ba za a yi ba, kuma in ka matsa aka kai sama aka faɗi, ka bar wa na bayanka mummunan sawu. Mu faɗa wa kanmu gaskiya, yawancin ƙararrakin da ake kawo mana ofis irin wannan ne. Ba kowace ce ta cancanci a kai gaban alƙali ba. Irin waɗannan a yi sulhu, a biya mai gona haƙƙinsa, a rubuta, a wuce.

Wadda ta cancanta ita ce irin ta dattijon nan da muka fara da shi: takardu cikakku, shaidu a raye, zalunci a fili. Irin wannan in ta samu, bai kamata a bar mai ita shi kaɗai da kuɗin lauya ba, tun da abin da za a yanke ba nasa ba ne shi kaɗai. A nan muke kira ga fatake da dillalai musamman. Kada ku ce wannan maganar masu sanda ce. Motar shanun da ake tsarewa a shinge tun safe har la'asar, har saniya ta faɗi a ciki, taku ce. Rufe iyakar da Najeriya ta sake yi daga Agustan 2019 zuwa Disambar 2020 ku ya fi taɓawa, kamar yadda na 2003 ya taɓa Afolabi. Lokacin da Benin ta hana shigowar garkunan ƙetare a ƙarshen 2019, kasuwa ce ta fara ji a jikinta. In ana iya cire wani abu a kan kowace saniya don gyaran masallaci ko karɓar baƙi, ana iya cire ɗan kaɗan a ajiye don ƙara guda mai kyau a shekara.

Shi dattijon, a ƙarshe, bai jira ba. Shanunsa sun fara ramewa, ya biya, aka sako yaronsa, ba mu kuma ga laifinsa ba. Abu ɗaya muka roƙe shi, ya dage sai an ba shi rasiɗi mai hatimi da sunan abin da ya biya dominsa. An yi ta ja-in-ja kafin a ba shi, kuma da aka tashi rubutawa sai kuɗin ya ragu. Wannan rasiɗi ita ce takarda ta farko a cikin akwatin ƙarfen da muka saya muka ajiye a ofis.

Saboda haka muna roƙon kowane ɗan ƙungiya, da ardo-ardo, da masu gidajen baƙi: duk wanda ke da tsohuwar takardar hukunci, ko ta sulhu, ko sammaci, ko rasiɗin tara, daga kowace kotu a Togo ko Gana ko Benin ko Nijar ko Najeriya, ko da an ci shi ne a shari'ar, ko da da Faransanci ne bai iya karantawa ba, ya kawo mana. Za mu ɗauki hotonta mu mayar masa da abarsa a take. Waɗanda ke nesa su ba direbobin motocin shanu masu saukowa Adetikope, ko su ɗauki hoton kowane shafi da waya su turo, amma a tabbata hatimi da kwanan wata sun fito.